Wasannin Kwamfuta Na Sata: Arahar Da Ke Jawo Wa Samarin Ƙofar Dumi Asara

Daga Wakilinmu Na Arewa, Bauchi

Ƙofar Dumi tana ɗaya daga cikin ƙofofin ganuwar da Sarkin Bauchi Yakubu ya kewaye birninsa da ita a farkon ƙarni na 19. A zamanin da, ba baƙon da zai shiga gari sai masu tsaron ƙofa sun san da zuwansa. Yau ganuwa ta zama tarihi, to amma akwai wata ƙofa da samarin wannan unguwa suke buɗe wa ɓarayi da hannunsu ba tare da sun sani ba, watau ƙofar kwamfutocinsu, ta hanyar wasannin da aka sato.

Yadda abin yake a Ƙofar Dumi haka yake a sauran unguwannin Bauchi, har da ɗakunan ɗalibai a Yelwa da Gwallameji. Saurayi zai yi ta tari har ya sayi kwamfutar tafi-da-gidanka ta hannu. Daga nan sai ya nufi shagon masu tura fina-finai da waƙoƙi, ko wani aboki ya miƙo masa filashi, a zuba masa wasan ƙwallo na PES ko FIFA, ko kuwa GTA, a kan ɗan abin da bai taka kara ya karya ba. Waɗannan wasanni an riga an fasa makullin da kamfani ya sa musu, abin da samarin ke kira kirak.

ABIN DA KE KAI SU

Duk wanda zai yi adalci ya san ba son ɓarna kaɗai ke kai samarin ga wannan hanya ba. Sabon babban wasa irin EA Sports FC, wanda ya gaji FIFA a 2023, ana sa masa dala 70 a ranar da ya fito. A 2025, lokacin da dala ɗaya take wajen Naira 1,500, wannan kuɗi ya haura Naira 100,000, alhali kuwa mafi ƙarancin albashin da Gwamnatin Tarayya ta amince da shi a Yulin 2024 Naira 70,000 ne. Bugu da ƙari, a 2022 bankuna da dama sun dakatar da sayayya a ƙasashen waje da katin Naira, sai a tsakiyar 2025 wasunsu suka dawo da ita. Ga kuma tsadar data, don wasu wasannin nauyinsu ya wuce gigabait 100.

GARIN NEMAN GIRA

Sai dai tambayar da ba a cika yi ba ita ce: mutumin da ya ɓata lokacinsa ya fasa wasa, ya kuma saka shi a intanet kyauta, mece ce ribarsa? Sau da yawa ribar tana cikin abin da ya ɓoye a cikin wasan.

A watan Yunin 2021 kamfanin Avast na ƙasar Cek, mai yin manhajar rigakafin cutar kwamfuta, ya tona asirin wata cuta da ya sa wa suna Crackonosh. An same ta ne a cikin wasannin sata irin su GTA V da PES 2018 da Far Cry 5 da The Sims 4. Da zarar ta shiga, sai ta kashe rigakafin da ke cikin kwamfutar, ta hana Windows sabunta kansa, sa'an nan ta sa injin ya riƙa yi wa ɓarawon aikin haƙo kuɗin intanet mai suna Monero dare da rana. Kamfanin ya ce ta kama kwamfutoci fiye da 222,000, kuma masu ita sun tara wajen dala miliyan 2. Shi kuwa mai kwamfuta abin da zai gani kawai shi ne injinsa ya yi nauyi, yana zafi, batir ba ya jimawa, sai ya ɗora wa tsufa laifi.

Akwai wadda ta fi wannan muni. Wata cuta mai suna STOP, wadda ta bazu tun 2018 ta hanyar manhajojin da aka fasa, kulle dukan takardu da hotunan mutum take yi, sa'an nan a bar masa saƙo ya biya kuɗi kafin a buɗe, wanda a shekarun baya dala 980 ne, ko rabin haka in ya biya cikin kwana uku. Ɗalibin da ya ajiye aikinsa na shekarar ƙarshe a wannan kwamfuta shi zai fi kowa sanin zafin abin. Wasu cututtukan kuwa kwashe lambobin sirri suke yi, na imel da Facebook da asusun banki, a je a sayar da su.

Abin lura a nan shi ne, kusan kowane wasan sata yakan zo da umurnin cewa a kashe rigakafi kafin a saka shi. Wanda ya bi wannan umurni ya kori mai gadi ke nan, ya kuma bar ƙofa a buɗe. Haka nan filashin da aka zuba wasan a ciki yakan zaga daga wannan kwamfuta zuwa waccan, ya raba cutar har ga waɗanda ba ruwansu da wasa.

ME DOKA TA CE?

Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022, wadda Shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a Maris 2023, ta kāre manhajar kwamfuta kamar yadda ta kāre littafi. Ta haramta fasa makullin da mai abu ya sa, ta kuma tanadi tara ko ɗauri, ko duka biyu, ga mai kwafa ko sayar da kayan sata. Hukumar Kare Haƙƙin Mallaka ta Nijeriya ita ke da ikon kame. Saboda haka masu shagunan turi su suka fi kowa shiga hatsari.

Mutanen Arewa ba sa bukatar a ba su labarin illar satar fasaha, don kuwa sun ga yadda ta taimaka wajen durƙusar da cinikin faya-fayen fina-finan Hausa a kasuwar Ƙofar Wambai ta Kano. Masu yin wasanni ma haka suke kuka, balle ƙananansu. A 2013 wasu 'yan'uwa biyu masu ƙaramin kamfanin Greenheart Games suka fitar da wasan Game Dev Tycoon, inda ɗan wasa ke tafiyar da kamfanin yin wasanni. Da gangan suka saki wani kwafin ga ɓarayi, wanda a cikinsa kamfanin ɗan wasan yake karyewa saboda ana sace masa wasanni. A ranar farko mutum 214 ne suka saya, mutum 3,104 kuwa na sata suka ɗauka.

HANYOYIN HALAL

Abin farin ciki shi ne yanzu akwai hanyoyin da ba su da wannan hatsari. Tun 2021 kamfanin Konami ya mai da PES zuwa eFootball, kuma kyauta ake ɗaukarsa. The Sims 4 ma ya zama kyauta tun Oktoba 2022. Haka Dota 2 da Counter-Strike 2 da Fortnite. Kantin Epic Games Store ya soma raba wasanni kyauta a Disamba 2018, kuma a Mayu 2020 har GTA V ya bayar. Ba a bukatar katin banki, rajista kawai za a yi da imel.

Mai ɗan abin hannu kuwa sai ya jira lokacin rangwame a kantin Steam, a tsakiyar shekara da ƙarshenta, inda tsofaffin wasanni ke faɗowa zuwa 'yan daloli kaɗan. Steam yakan mayar da kuɗi cikin kwana 14 muddin ba a buga wasan ya kai awa biyu ba. Kantin GOG na ƙasar Folan kuwa wasanninsa ba makulli, mutum zai iya ajiye abin da ya saya ya saka ba tare da intanet ba, ko da yake wannan bai ba shi izinin raba wa jama'a ba.

Ga masu shago kuma akwai wasannin da masu su suka yarda a kwafa a raba, irin su SuperTuxKart na tseren mota, da 0 A.D. da Battle for Wesnoth na dabarun yaƙi, da OpenTTD na harkar sufuri. Ba su da nauyi, tsohuwar kwamfuta ma tana ɗaukar yawancinsu.

Wanda ya riga ya saka wasan sata, lalle ne ya kwashe muhimman takardunsa ya adana a wani wuri, ya kai wa mai gyara a wanke kwamfutar a sa mata sabon Windows, sa'an nan ya canja lambobin sirrinsa duka. Iyaye da yayye su ma su sa ido, musamman inda kwamfuta ɗaya ce ake karatu da ciniki da wasa a kanta. Shawara dai ta rage ga mai shiga rijiya.