Caldo de Res: Romon Naman Shanu na Mutanen Meziko

Daga cikin abincin da ake yawan dafawa a gidajen ƙasar Meziko akwai wanda suke kira caldo de res. Kalmar caldo a Sifaniyanci tana nufin ruwan da aka dafa nama ko ganyaye a cikinsa, asalinta kuwa daga Latinanci ne, calidus, wato abu mai zafi. Ita kuwa res, a bakin mutanen Meziko, saniya take nufi.

Matsalar farko da malamin Hausa zai ci karo da ita, ita ce ta suna. Mafi yawan masu fassara sukan ce “miya”, alhali kuwa miya a wurin Bahaushe mahaɗi ce, ba ta tafiya ita kaɗai, sai da tuwo ko shinkafa ko makamantansu. Shi wannan abinci kuwa ba mahaɗin kowa ba ne. Idan aka ce “romo”, an kama ruwan an bar nama da ganyayen. “Farfesu” ya fi kusa, sai dai farfesu yakan zo da yaji tun daga tukunya, kuma ba a saba cika shi da masara da kabeji ba. Saboda haka ɗalibin da aka gaya wa miya ce zai tafi yana jiran tuwon da ba zai zo ba. Abin da ya fi dacewa shi ne a ce romon nama mai haɗin ganyaye, sa'annan a biyo da bayani.

Asalin kayan haɗinsa

Kafin zuwan Sifaniyawa babu shanu a Meziko. Turawan ne suka tsallaka da su teku, kuma bayan sun ci Tenochtitlan, babban birnin daular Aztek, a shekarar 1521, sai kiwo ya bazu a ƙasar. Su ne kuma suka kawo albasa da tafarnuwa da karas da kabeji da lemun tsami, tare da al'adar dafa nama da ganyaye a tukunya guda, wadda suke kira cocido. Abin da suka tarar a can shi ne masara da kabewa da barkono da tumatir da wani ɗan itace mai yaɗo, mai ruwa-ruwa, da ake kira chayote. Dankalin Turawa kuma, duk da sunan da Hausawa suka laƙaba masa, daga duwatsun Andes na Kudancin Amurka ya fito.

A nan akwai abin lura ga mai nazarin harshe. Kalmar tumatir ta samo tushe ne daga tomatl ta harshen Nahuwatul, yaren mutanen Aztek, ta bi ta harsunan Turai har ta iso Hausa. Masara kuwa, wadda aka fara nomawa a kudancin Meziko kimanin shekara 9,000 da suka wuce, masana harshe da dama suna danganta sunanta na Hausa da ƙasar Masar. Ke nan sunan yana nuni da hanyar da ta biyo ne, ba mahaifarta ba.

Yadda ake dafa shi

Naman da ake nema shi ne na ƙwabri, wanda mahauta suke sarawa fala-fala da ƙashinsa da ɓargonsa, a can ana ce masa chambarete. Tsoka zalla ba ta yin wannan aiki, domin daɗin romon daga jijiya da ɓargo yake fitowa. Idan jijiya ta daɗe a kan wuta takan narke, ta ba ruwan kauri da danƙo, shi ya sa in ya kwana ya huce sai a tarar ya daskare.

Ga iyali mai mutum 6, akan zuba nama kimanin kilo 1 da rabi a cikin ruwa lita 3, da rabin albasa da tafarnuwa da gishiri. Da ruwan sanyi ake farawa. Da zarar ya soma tafasa, kumfa mai duhu za ta taso, sai a riƙa kwashe ta da ludayi har ta ƙare, a kuma rage wuta. Wannan ne wurin da mai gaggawa yake ɓata girki: idan aka bar tukunya tana ɓararraka, kumfa da kitse sukan koma cikin ruwan, ya yi duhu, ya rasa tsarkin da ake yabon sa da shi. Naman yakan ɗauki awa 2 ko fiye kafin ya yi laushi. A birnin Meziko, wanda yake bisa tudu mai tsawon mita 2,240, ruwa yakan tafasa tun zafinsa bai kai digiri 100 ba, don haka dahuwa takan ƙara jinkiri, kuma gidaje da yawa sun dogara da tukunyar matsin tururi.

Sai naman ya kusa nuna ake waiwayar ganyaye, kuma ba a zuba su lokaci guda. Ɗanyar masara ce kan gaba, a yanka ta gunduwa-gunduwa da totuwarta, tare da karas. Bayan kamar minti 10 sai dankali da chayote su biyo. Ɗanyar kabewa da ɗanyen wake da kabeji su ne na ƙarshe, domin ba sa jure wuta. Ɗan sakaci kaɗan sai su dagargaje. Komai manya-manya ake yanka shi, ta yadda mai ci zai gane kowane abu a cikin kwanonsa.

Yawanci da rana ake cin sa, tsakanin ƙarfe 2 zuwa 4, lokacin babban abincin mutanen Meziko. Ba a cika sa barkono a tukunya ba. Akan ajiye shi a gefe tare da yankakkiyar albasa da lemun tsami da wani ganye mai ƙanshi da ake kira cilantro, kowa ya ƙara gwargwadon bakinsa. Akwai ɗan'uwansa, mole de olla, wanda shi ake niƙa busasshen barkono a zuba tun a wuta, har ruwan ya yi ja. Ana kawo romon da jar shinkafa da kuma tortiya, wato siririyar gurasar masara. Wanda ƙashi ya faɗo a kwanonsa yakan zazzage ɓargon a kan tortiya mai zafi, ya barbaɗa gishiri, ya naɗe ya ci.