Daga Yarinta Zuwa Furfura: Rayuwar Rishi Kapoor A Gaban Kyamara



Duk wanda ya tashi a Zangon Kumasi, ko a Aboabo, ko Asawase, ko Sabon Zango, da wuya a ce bai taɓa zama gaban fim ɗin Indiya ba. Iyayenmu a gidajen silima suka kalle shi, mu kuwa a kaset muka tarar da shi, muna tsugunne a tsakar gidan maƙwabta bayan an taso daga karatun dare. Ba mu jin Indiyanci, amma mun san jarumi, mun san mugu, mun san wadda za ta yi kuka kafin a tashi. Cikin fuskokin da muka saba da su akwai wani farin saurayi mai kumatu, wanda ba ya rabo da rigar sanyi mai launi. Sunansa Rishi Kapoor, amma 'yan kallo a Kano "Mace" suka laƙaba masa, saboda shigar mata da ya taɓa yi. A fim ɗin Rafoo Chakkar na 1975 da kayan mata ya ɓad da kama.

Abin da ya sa muka ɗauko labarinsa shi ne, yau sana'ar fim ta iso ƙofar gidajenmu. Garinmu ne cibiyar finafinan harshen Twi, kuma kowace waya ta zama kyamara. Sau da yawa akan zo wa uba da maganar cewa ɗansa yana da baiwa, a ba da aronsa. Kafin mu amsa, ya kamata mu dubi wanda ya shiga wannan hanya da rarrafe, ya fita da furfura.

Yaron da aka lallaba da alewa

An haifi Rishi Kapoor a Bombay ranar 4 ga Satumba, 1952. Mahaifinsa shi ne Raj Kapoor, kakansa kuma Prithviraj Kapoor, dukkansu manyan 'yan wasa. Bai cika shekara uku ba aka fara nuna fuskarsa, a fim ɗin Shree 420 na 1955, inda ya ratsa cikin ruwan sama tare da yayyensa biyu. Shi da kansa ya ba da labarin cewa sai da jaruma Nargis ta lallabe shi da cakulan kafin ya yarda ya taka.

Fitowarsa ta sosai ita ce a Mera Naam Joker na 1970, inda ya fito a matsayin mahaifinsa lokacin ƙuruciya. Ya ce da ya ji mahaifinsa yana shawartar mahaifiyarsa a kan sa shi a fim ɗin, ita kuma ta amince bisa sharaɗin kada karatunsa ya taɓu, sai ya ruga ɗaki ya hau koyon sa hannu domin masoya. Sharaɗin uwar bai cika ba, domin karatun nasa bai yi nisa ba. Wasan ya ba shi lambar yabo ta ƙasa ta gwarzon yaro, amma fim ɗin ya faɗi a kasuwa, ya bar mahaifinsa cikin bashi.

Wannan bashi ne ya haifi Bobby a 1973. Rishi ya sha bayyana cewa mahaifinsa bai shirya fim ɗin don ɗaukaka ɗansa ba. Neman abin biyan bashi yake yi, ga shi ba shi da kuɗin ɗaukar Rajesh Khanna, wanda ke tashe a lokacin. Sai ya sa ɗansa da wata sabuwar yarinya, Dimple Kapadia. Fim ɗin ya yi kasuwar da ba a zata ba, saurayi ɗan shekara 21 ya wayi gari duk Indiya ta san shi. A littafin tarihin rayuwarsa na 2017, Khullam Khulla, ya amsa cewa girman kai ya kama shi a wancan lokaci, har ya ba da rupi 30,000 don a ba shi wata lambar yabo, abin da ya ce yana jin kunyarsa.

Shekarun soyayya, da ranar da suka ƙare

Daga 1973 zuwa 2000 shi ne saurayin da ake ɗora wa labarin soyayya. Masu kallo a ƙasar Hausa da Zango sun san Laila Majnu (1976), da Amar Akbar Anthony (1977) inda ya fito a matsayin Akbar mawaƙi, da Karz (1980), da Nagina (1986), da Chandni (1989). A 1980 ya auri Neetu Singh, wadda ita ma tun tana ƙarama ta fara fim, ta kuma ajiye sana'ar shekaru masu yawa bayan aure.

To amma ba kullum ake kwana a gado ba. A Deewana na 1992 shi ne babban jarumi, sai dai wani sabon yaro mai suna Shah Rukh Khan ne ya tafi da hankalin 'yan kallo. Jiki ya yi nauyi, shekaru sun haura arba'in, samari sun taso. A nan ne yawancin taurari ke ɓacewa, domin wanda ya saba da kujerar gaba yana ganin ƙasƙanci ne ya koma ta baya.

Shi bai ɓace ba. Ya yarda ya zama uban jarumi ko jaruma, kamar a Hum Tum (2004) da Fanaa (2006), kuma daga wannan kujera ta baya aka gano gwanintar da rawa da waƙa suka lulluɓe shekara da shekaru. A Do Dooni Chaar (2010) ya fito a malamin lissafi mai tsohon babur, wanda duk burinsa ya sayi ƙaramar mota don ya fita kunyar iyalinsa. Matarsa ta gaske ce ta fito a matarsa. A Agneepath (2012) ya zama Rauf Lala, mahauci mai fataucin mutane, rawar da ya yi ta jan ƙafa kafin ya karɓa. A Kapoor & Sons (2016) ya zama kaka ɗan shekara 90, inda yakan zauna sa'o'i ana gyara masa fuska kafin a fara ɗauka. A Mulk (2018) kuwa ya fito a Murad Ali Mohammed, dattijon lauya Musulmi a birnin Banaras, wanda ɗan ƙanensa ya shiga ta'addanci, aka kuma tilasta wa gidan gaba ɗaya su tabbatar a kotu cewa su 'yan ƙasa ne na gari. Duk wanda ya taɓa zama bare a garin da aka haife shi zai fahimci wannan fim ba tare da tafinta ba.

A 2018 aka gano yana da sankarar jini. Ya yi kusan shekara yana jinya a New York, ya koma gida a Satumban 2019, ya rasu ranar 30 ga Afrilu, 2020, yana da shekara 67. Fim ɗinsa na ƙarshe, Sharmaji Namkeen, bai kammala shi ba; Paresh Rawal ne ya ƙarasa rawar, aka fitar da shi a 2022.

Abin da ya shafe mu

Kada mu manta, Rishi ya faɗi ya tashi ne domin yana da gida mai kamfanin fim a bayansa. Yaron Zango ba shi da wannan gata. Labarin Jackie Coogan na Amurka ya fi kusa da halinmu. Ya yi suna tare da Charlie Chaplin a The Kid na 1921, ya tara miliyoyin daloli, amma da ya girma sai ya tarar mahaifiyarsa da mijinta sun cinye. Ya kai su kotu a 1938, abin da ya samu bai taka kara ya karya ba. Shari'arsa ce ta sa jihar Kalifoniya ta yi doka a 1939 don kare kuɗin yara 'yan wasa, kuma a yau tilas ne a ajiye wa yaro kashi 15 cikin 100 na abin da ya samu. Shi ma da rawar gefe ya ƙare rayuwarsa.

A nan gida mun ga Abraham Attah, wanda Beasts of No Nation ya ba shi lambar yabo a birnin Banis na Italiya a 2015, ya kuma ci gaba da karatu a Amurka. A Kano mun ga Maryam Booth, wadda ta bi sawun mahaifiyarta, marigayiya Zainab Booth, tun tana yarinya, har ta ci lambar AMAA a 2020 da rawar mataimakiyar jaruma a The Milkmaid.

Saboda haka, idan aka zo neman ɗanka, akwai tambayoyin da ba a jin kunyarsu. Wane irin labari ne, kuma me za a sa shi ya faɗa ko ya aikata? Wane babba daga gida zai raka shi? Nawa za a biya, kuma a hannun wa za a ajiye? Kuɗin yaro amana ne a hannun iyaye, ba kuɗin cefane ba. Dokar Yara ta Ghana ta 1998 ta sa shekara 15 a matsayin mafi ƙarancin shekarun ɗaukar aiki, 13 ga aiki mara nauyi wanda ba ya taɓa lafiya ko makaranta, ta kuma hana sa yaro aiki daga ƙarfe 8 na dare zuwa 6 na safe. Sannan allo da boko su ne gaba, domin ƙuruciyar da ake biyan kuɗi a kanta 'yan shekaru ce, kuma ranar da murya ta buɗe, masu kyamara wani yaron za su nema.

Allah Ya raya mana zuriya, Ya ba mu ikon riƙe amanarsu. Amin.