Albashin Takarda da Albashin Hannu: Lissafin da Ya Kamata Ma'aikaci a Sabha Ya Sani

Kwanakin baya wani matashi daga cikin 'yan uwanmu mazauna Sabha, a kudancin Libiya, ya turo min hoton takardar albashinsa ta waya, haɗe da saƙon murya mai cike da ɓacin rai. Ya samu aiki a wani kamfanin gine-gine, aka ce masa albashinsa dinari 2,000 ne a wata. Shi kuwa tun wata bai ƙare ba ya riga ya raba kuɗin a zuciyarsa: kaza na mahaifiya a Damagaram, kaza na bashin da ya ci ya hau mota daga Agadas, kaza na hayar ɗaki. Da aka biya shi sai ya ga abin bai kai 1,750 ba. Ya ce, "Malam, wannan ba cin haƙƙi ba ne?"

Na duba takardar da kyau na ce masa, "Ɗana, a wannan karon ba a zalunce ka ba, lissafi ne ba ka yi ba." Tambayar tasa kuwa ta shafi dubban 'yan uwanmu daga Nijar da Najeriya da ke neman halali a Sabha da Ubari da Murzuk, shi ya sa na ga ya dace a yi bayaninta a fili.

Duk takardar albashi tana ɗauke da adadi biyu. Na sama shi ne wanda Larabawa ke kira ijmali, wato jimillar albashin kafin a taɓa shi. Na ƙasa shi ne safi, abin da ya rage bayan an cire duk abin da za a cire. Mai ɗaukar ma'aikata ya fi son faɗin na sama domin ya fi daɗin ji, amma da na ƙasa ake sayen garin masara. Bari mu bi dinari 2,000 ɗin nan mataki-mataki mu ga inda suka shiga.

Abu na farko da ake cirewa shi ne kuɗin daman, wato asusun fansho da tallafin ma'aikata da dokar Libiya mai lamba 13 ta shekarar 1980 ta tsara. Shekaru da yawa kason ma'aikaci kashi 3.75 cikin 100 ne, amma daga 2022 ya koma kashi 5.125. A albashin 2,000 wannan ya kama dinari 102 da rabi. Sai kashi 1 cikin 100 na asusun tadamun, wanda ake taimaka wa gajiyayyu da shi, dinari 20 ke nan. An cire 122 da rabi, saura 1,877 da rabi. A lura, kamfani ma yana da nasa kason na daman, wanda ya kusa ninka na ma'aikaci sau uku, kuma daga aljihunsa zai biya. Duk wanda ya ɗora wa ma'aikaci kason nan ya ci abin da ba nasa ba.

Daga nan sai harajin albashi, bisa doka mai lamba 7 ta 2010. Dokar ta ware wani adadi da ba a taɓawa: dinari 1,800 a shekara ga marar aure, 2,400 ga mai aure, wato 150 ko 200 a wata. Matashinmu bai yi aure ba, don haka a cire 150, abin da haraji zai hau kansa ya zama 1,727 da rabi. Dinari 1,000 na farko a wata ana karɓar kashi 5 cikin 100 a kansu, 50 ke nan. Abin da ya haura dubun, wato 727 da rabi, ana karɓar kashi 10, kusan 73. Harajin duka ya tashi wajen 123.

A nan mutane da yawa ke kuskure. Na sha jin ana cewa gara kada albashi ya wuce dubu, domin da ya wuce haraji zai ninka. Ba haka ba ne. Kashi 10 ɗin a kan ɗoriyar kaɗai yake hawa, dubun farko tana nan a kan kashi 5 ɗinta ko da albashin ya kai dubu goma. Ƙarin albashi ba ya taɓa mayar da mutum baya ta wannan hanyar.

Na ƙarshe shi ne damga, harajin hatimi, rabin kashi 1 cikin 100 na abin da ya rage, kusan dinari 9. Idan aka tattara, safin ya tsaya a kan kimanin 1,746. Ga mai albashi irin wannan, hanya mafi sauƙi ita ce ya ɗauka cewa a duk dinari takwas ɗaya ba zai iso hannunsa ba.

Waɗanda suka daɗe a ƙasar za su tuna wani layi a takardar albashi mai suna harajin jihadi. An kafa shi da doka mai lamba 44 ta 1970, shekara guda bayan hawan Gaddafi, ana cire kashi 3 cikin 100 ga duk wanda albashinsa ya wuce dinari 100 a wata. Ya shafe sama da shekara hamsin ana karɓarsa, har Kotun Ƙolin ƙasar ta yanke hukunci a 2025 cewa dokar ta saɓa wa tsarin mulki. A albashin matashinmu da ya ci fiye da dinari 50 duk wata. Wanda ya ga layin nan a takardarsa yau yana da damar ya tambaya.

To, duk wannan ga mai takarda ne. Gaskiyar magana ita ce mafi yawan mutanenmu a Fazzan ba su taɓa ganin takardar albashi ba. Birkila ne da lebura da mai aikin gona da makiyayi da mai gadi, kuma da baki ake ƙulla komai. Su gwamnati ba ta cire musu ko sisi, amma abin da ake yanke musu wani lokaci ya fi na mai takarda yawa: kuɗin abinci, wurin kwana, kason wanda ya haɗa su da aikin, ranakun Juma'a da ranakun ciwo, kayan aikin da aka ce sun lalata. Sau da yawa ba a jin ko ɗaya daga cikin waɗannan sai ranar biya.

A nan fikihu yake da magana, kuma da mu da mutanen Libiya duk a kan mazhabar Imam Malik muka tashi, don haka babu wanda zai ce baƙon hukunci aka kawo masa. Ɗaukar mutum aiki ijara ce, kuma daga cikin sharuɗɗan ingancinta akwai sanin ladan aiki tun kafin a fara. Lada da ba a san adadinta ba, ko aka faɗi adadi alhali akwai yanke-yanken da aka ɓoye, jahilci ne ya shiga ƙullin, kuma shi ne ƙofar husuma. Malikawa sun halatta a sanya ciyarwa da tufatarwa a cikin lada, saboda haka ba laifi ubangida ya ce abincinka yana cikin jingarka, matuƙar ya faɗa tun farko ka yarda. Abin da bai halatta ba shi ne ya ciyar da kai wata guda kana zaton kyauta ce, sannan ya fito da littafi. Idan kuma aka yi aiki ba a yanke lada ba sam, malamai sun ce a koma ga ladan da ake biyan irinsa a garin, ba abin da ubangida ya ga dama ba.

Maganar kayan aiki ma haka take. Ma'aikacin da aka ɗauka shi kaɗai, yana aiki a ƙarƙashin ubangidansa, amintacce ne a shari'a. Idan injin ban ruwa ya lalace a hannunsa ba tare da sakaci ko ƙetare iyaka ba, ba a cire kuɗin gyara daga ladansa. Sannan wanda ya ce yana yanke maka kuɗin daman, ka nemi lambar rajistarka. Idan babu lamba, kuɗin aljihunsa suka shiga.

Shawarar da nake ba kowa ita ce tambaya ɗaya kafin a ɗaga shebur: nawa za ka danƙa min a hannu a ƙarshen wata, bayan ka cire duk abin da za ka cire? A yi ta a gaban shaidu biyu, ko a naɗe ta a waya da sanin ubangidan. Na san akwai kunya irin tamu, ga tsoron kada a ce ka cika baki a ba wani aikin. Amma kunyar minti biyar ta fi sauƙi a kan wata shida kana bin haƙƙinka a ƙasar da ba ka da dangi, wataƙila ma ba ka da takardar zama.

Kada a manta da tambayar yadda za a biya. Shekaru ke nan bankunan Libiya na fama da ƙarancin tsabar kuɗi, kuma mutanen kudu sun san dogon layin ƙofar banki sarai. Wannan ya haifar da farashi biyu a kasuwa, na tsaba da na caki. Mutum zai kai cakin dinari 1,000 a ba shi ƙasa da haka a hannu. Ban da asarar da ke ciki, dinari da dinari ne aka musanya da fifiko, kuma wannan riba ce. Maganinsa tun wajen ƙulla aiki ne, a sharɗanta tsaba. Mai tara kuɗi a ƙarƙashin katifa kuma ya riƙa sauraron sanarwar babban banki, domin an janye takardar dinari 50 daga kasuwa, wa'adinta ya cika a ƙarshen Afrilun 2025.

Ko bayan kuɗi sun shiga hannu lissafi bai ƙare ba, tunda iyali ba dinari suke kashewa ba. A farkon 2021 babban bankin Libiya ya tsayar da dala a kan dinari 4.48, a Afrilun 2025 ya sake rage darajar dinarin har dala ta kai kusan 5.57, kuma farashin kasuwar bayan fage, wanda shi ne mai aika kuɗi gida yake haɗuwa da shi, ya fi na banki tsada. Sefa kuwa a ɗaure take da yuro, 655.957 a kan yuro ɗaya. Ma'ana, albashi zai iya zama yadda yake a Sabha alhali jikunan da ke isa Maraɗi ko Tawa suna raguwa. Kafin a yi wa gida alkawarin adadi, a je wajen mai hawala a tambaye shi: idan na ba ka dinari 500 yau, jika nawa za a miƙa wa mahaifiyata? Amsarsa ta riga ta haɗa canji da ladansa.

Ɗalibanmu na Kano da Katsina da ke kwatanta aikin gida da na Libiya su ma su kwatanta safi da safi. A Najeriya dokar fansho ta 2014 tana cire kashi 8 cikin 100 daga ma'aikaci, sabuwar dokar harajin da ta fara aiki a Janairun 2026 kuma ta yafe naira 800,000 na farko a shekara, tana karɓar kashi 15 a kan miliyan 2.2 da ke biye. Mai albashin naira 150,000 a wata, idan duka aka lissafa masa fansho a kai, za a cire masa 12,000, haraji kuma 10,700, ya tashi da 127,300. A ajiye wannan a gefe guda, a ɗaya gefen a ajiye safin Sabha bayan an cire haya da abinci da canji da bashin hanya, sannan a yanke shawara.

Matashin ya ƙara min tambaya a kan zakka, ko harajin da aka cire ya ɗauke masa ita. Bai ɗauke ba, domin zakka tana da mutanen da ake ba ta da niyyar da ake fitar da ita. Amma kuma ba a kan ijmali ake lissafinta ba. A wurin jumhurun malamai sai abin da mutum ya tara ya kai nisabi ya kuma shekara a hannunsa. Shaihu Yusuf Al-Ƙardawi yana ganin a fitar lokacin karɓar albashi, amma shi ma daga safi ya ce, bayan an cire bashi da buƙatun dole. Nisabin dinari ashirin da muke karantawa a littattafai kuwa dinarin zinariya ne, kimanin giram 85, ba takardar dinarin da ke aljihunsa ba. Da na faɗa masa haka ya yi dariya, ya ce ashe da sauransa.

Bayan mako guda ya sake turo saƙo. Ya zauna ya sake lissafi daga 1,746, ya kira mahaifiyarsa ya gaya mata adadin da zai iya turawa duk wata ba fashi, ya kuma nemi mai bashinsa ya ƙara masa wata uku, ya yarda.