Dokokin Akwatin Tambaya

Duk wanda ya bi ta ƙofar ɗakin gwaje-gwaje na makarantarmu zai ga wani akwatin katako a rataye, da kwaɗo a jikinsa. Wannan shi ne akwatin tambayoyin Fiziks na Ƙungiyar Kimiyya. Fiziks kuwa, saboda iyayenmu da za su karanta wannan mujalla, shi ne ilmin da ke binciken motsi da zafi da haske da sauti da lantarki. Mai tambaya yakan rubuta a takarda ya jefa. Ran Asabar a buɗe, a tantance, a liƙa waɗanda suka dace a allon sanarwa, wanda ya san amsa ya rubuta a ƙasa.

Bana ni aka damƙa wa mabuɗin, kuma tun daga ranar na yi baƙin jini. Wasu sun ce takardun abokaina kaɗai nake liƙawa. Shi ya sa na ga ya kamata in bayyana dokokinmu da dalilansu, in kuma faɗi inda ni kaina na yi kuskure.

Doka ta farko, tambaya ɗaya a takarda ɗaya, kuma a fayyace ta. Wani ya rubuto, "Mene ne saurin dutse in ya faɗi?" To, daga ina ya faɗo? Dutsen da aka saki, kowace daƙiƙa gudunsa yana ƙaruwa da wajen mita 9.8 a daƙiƙa, saboda haka na kan tebur dabam, na bakin rijiya dabam. Da ya ce rijiya ce mai zurfin mita 20, da nan take an gaya masa zai kai ƙasa cikin kusan daƙiƙa 2, yana gudun wajen mita 20 a daƙiƙa.

Doka ta biyu, akwati ba ya yi wa kowa aikin da Malam ya bayar. In lissafi ya gagare ka, nuna inda ka kai da inda ka tsaya, sai a ɗora ka a hanya. Abokina na ɗakin kwana ya yi mako guda ba ya yi mini magana a kan wannan. Na ce masa ran jarrabawa ba a shiga da akwati.

Doka ta uku, kowace amsa ta zo da hujja, ko lissafi ko gwajin da wani zai iya maimaitawa. "Haka wani babba ya faɗa" ba hujja ba ce. Ƙungiyar masana ta Royal Society, wadda aka kafa a Landan a 1660, ma'anar takenta ke nan: kada a karɓi magana don girman mai faɗinta. Ko Albert Einstein bai tsira ba. A 1936 ya aika wa mujallar Physical Review ta Amurka da wata maƙala. A ciki ya ce babu irin kaɗawar nan da ake zaton sararin samaniya yana yi in manyan taurari sun motsa, kamar yadda tafki ke kaɗawa in an jefa dutse. Editan ya ba wani masani ya duba, aka ga kuskure. Einstein ya fusata ya janye maƙalarsa, amma kafin a buga ta a wata mujalla a 1937 sai da ya gyara. A 2015 kuwa na'urori suka kama wannan kaɗawa. In an duba aikin Einstein, ɗan aji biyar ba shi da dalilin fushi.

Doka ta huɗu, abin da aka riga aka amsa ba a sake liƙa shi. Sau uku ana jefo mana zanen janareto marar mai: wai janareto ya juya mota, motar ta juya janareto, a samu wuta kyauta har abada. Amsar tana nan a allo. Inji ba ya ƙirƙirar ƙarfi, sauya masa kama kawai yake yi, kuma a kowane zagaye wani kashi yana salwanta ya zama zafi a waya da wurin da ƙarfe ke gugar ƙarfe. Abin da ya dawo kullum bai kai wanda ya fita ba, dole injin ya tsaya. Tun a 1775 Majalisar Masana Kimiyya ta Faris ta yanke cewa ta daina duba irin waɗannan injuna.

Doka ta biyar, ba a yi wa mai tambaya ba'a. A nan ne mai dokar barci ya ɓuge da gyangyaɗi. Wata Asabar na tarar da takarda da rubutun yaro ɗan aji ɗaya: "Me ya sa ruwan randa ya fi na bokiti sanyi, alhali inuwa ɗaya suke?" Na karanta da ƙarfi, 'yan kwamiti suka bushe da dariya, na ce wannan zancen madafa ne, na jefa a kwandon shara. Ashe yaron yana tsaye bakin taga.

Malaminmu ya tsinci takardar. Bai yi mini faɗa ba, sai ya ba ni labarin Erasto Mpemba. A 1963 Mpemba yana aji uku a makarantar sakandare ta Magamba, a ƙasar da yanzu ake kira Tanzaniya. Yana haɗa askirim, sai ya sa madararsa a firij tun tana da zafi don kada wuri ya ƙare, ya kuma ga ta riga ta wani mai sanyi daskarewa. Ya tambayi malaminsa, aka ce ya ruɗe ne. Bayan ya koma makarantar Mkwawa a garin Iringa, wani malamin jami'a daga Dar es Salam, Dokta Denis Osborne, ya kawo ziyara. Mpemba ya sake tambaya, ɗalibai suka yi ta dariya. Osborne bai yi dariya ba. Ya koma ya sa aka gwada, kuma a 1969 su biyu suka buga sakamakon a mujallar Physics Education. Daga nan masana suka yi ta muhawara. A 2016 wasu masana biyu a Ingila suka auna da kyau, suka ce ba su ga ruwan zafi ya riga ba, kuma wurin da aka sa ma'aunin zafi yana iya ruɗar mai gwaji. Malam ya ce, ko wa ke da gaskiya, gwaji ne zai raba gardamar, ba dariya ba.

Sannan ya ce in amsa tambayar randa da kaina. Ashe jikin randa yana da ƙananan ƙofofi da ido ba ya gani. Ruwa yana tsatsowa ta nan, iska ta busar da shi, kuma kowane giram ɗaya da ya bushe yana tafiya da zafi wajen jul 2,400. Daga ruwan ciki ake ɗebe wani kashi na wannan zafi. Bokiti ba ya tsatsa, sai ta baki kawai ruwansa ke bushewa. Da wannan hikima ce Malam Mohammed Bah Abba ya yaɗa tukunya cikin tukunya a ƙauyukan Jigawa, da jiƙaƙƙen yashi a tsakani, don adana kayan miya, har ya sami kyautar Rolex a 2000. Abin da na kira zancen madafa ke nan.

Na nemi yaron na ba shi haƙuri, na liƙa tambayarsa a saman allo. Amma sai da ya yi wata biyu kafin ya sake jefa takarda.

Saboda haka muka ƙara doka ta shida, kuma a kaina take. Mai mabuɗi ba shi da ikon yaga takarda. Wadda aka ƙi sai a rubuta dalili a bayanta, a sa a ambulan, Malam ya duba ran Litinin. Wanda bai gamsu ba ya je ya kai ƙara. An kafa dokokin nan ne don kada lalaci da shirme su cika allo, ba don a rufe bakin mai neman sani ba.

'Yan'uwana ɗalibai, akwati yana nan inda yake. Iyayenmu kuma, in mun zo hutu ƙaramin yaro ya yi irin tambayar randa, don Allah kada a kore shi. A ce masa ya kawo randar da bokitin a gwada. Allah ya ƙara mana ilmi mai amfani, amin.