Jimi Solanke, Tsohon da Ya Kai Tatsuniya Gidan Talabijin

Ranar 5 ga Fabrairu 2024 Jimi Solanke ya rasu yana da shekara 81. Jaridun Legas sun yi kwanaki suna jimami. A kasuwar Bena ta jihar Kebbi kuwa, ina jin da wuya ka tara mutum goma da suka san sunan. Amma sana'arsa kowa ya san ta, domin ita ce sana'ar kakanninmu mata bayan sallar isha.

An haife shi a 1942, asalinsa ɗan Ipara-Remo ne a jihar Ogun ta yau. Ya koyi wasan kwaikwayo a Jami'ar Ibadan, ya yi aiki a ƙungiyar Orisun ta Wole Soyinka, ya zauna Amurka, sannan ya dawo gida a 1986. Mawaƙi ne kuma ɗan wasa, amma abin da ya ɗaukaka shi shi ne shirin Storyland na gidan talabijin na NTA.

Shirin ba shi da wani ƙawa. Tsoho ne da jita a hannu, yara sun kewaye shi. Sirrin yana cikin murya. Zai kauraro ta idan zaki ke magana, ya siranta ta idan kunkuru ya fara dabararsa (kunkuru shi ne Gizon Yarabawa), ya tsaya tsakiyar labari ya jefa waƙa yara su amsa. Bai taɓa ɗaukar yaro a matsayin wawa ba, kuma bai gaggauta kai shi ga darasi ba. A ganina nan ya fi yawancin masu shirin yara na yanzu, waɗanda ke fara wa'azi tun kafin Gizo ya fito daga ɗaki. Shi da shirin Tales by Moonlight da NTA ta fara a 1984 sun raini wata tsara sukutum.

Sai dai rainon da Turanci aka yi shi, kuma sai gidan da ke da wuta da akwati. Yaron ƙauyukan Danko-Wasagu a ƙasar Zuru kakarsa ce talabijin ɗinsa, da Hausa ko C'lela ko Fulatanci. Yau wannan dandali na tatsuniyar kaka ya yi rauni. 'Yan bindiga sun tashi ƙauyuka da dama, hirar dare ta ragu, wayar hannu kuma ta kwashe sauran hankalin yara. Tsohuwar da ta yi gudun hijira ba ta da tsakar gidan da za ta ce "ga ta nan, ga ta nanku".

Kirana ga gidajen rediyo da talabijin na jihar Kebbi: ku zo ƙasar Zuru da na'urar naɗar murya, ku zaunar da tsofaffin nan da jikokinsu, ku ba su rabin awa a mako da harshensu. Solanke ma jita ɗaya ya riƙe.