Baƙin Inabi a Ƙasashen Zafi

Daga cikin itatuwan marmarin da Alƙur'ani mai girma ya ambata a jerin ni'imomin Ubangiji ga bayinsa, kamar a Suratun Nahli da Suratu Abasa, da wuya a sami wanda ya kai inabi son sanyi, domin kurangarsa, bisa ga ɗabi'ar da aka halicce ta a kai, takan zubar da ganye idan hunturu ya kama, ta yi barci na watanni, sa'an nan idan iska ta soma ɗumi idanun rassanta su buɗe gaba ɗaya, su yi toho, su yi fure, su ɗauki 'ya'ya. Saboda haka galibin gonakin inabi na duniya suna tsakanin digiri 30 da 50 ne arewa ko kudu da tsakiyar duniya, alhali Zariya tana wajen digiri 11 kacal.

Irin da ya fi dacewa a yi nazarin wannan al'amari a kansa shi ne wanda Faransawa ke kira Syrah, mutanen Ostareliya kuma su ce Shiraz: baƙi ne wuluk, ƙananan 'ya'ya gare shi, ga kaurin fata. An daɗe ana riya cewa daga birnin Shiraz na ƙasar Farisa aka kawo shi, har sai da binciken ƙwayoyin halitta da Carole Meredith ta Jami'ar Kalifoniya ta gudanar tare da masanan birnin Montpellier na Faransa, gab da shekarar 2000, ya tabbatar cewa ɗan kudu maso gabashin Faransa ne, daga barbarar iri biyu da ba su shahara ba, Dureza da Mondeuse Blanche. Wajibi ne a faɗa tun yanzu cewa mafi yawan abin da ake nomawa na wannan iri matse shi ake yi a yi giya, abin da shari'armu ta haramta, har fuƙaha'un Malikiyya suka hana sayar da inabi ga wanda aka san giya zai yi da shi. Amma ilmin renon kuranga a cikin zafi ilmi ne na noma tsantsa, wanda mai neman inabin ci, da mai neman zabibi, da mai tatsar ruwansa ɗanye, duk suke bukata daidai wa daida.

Zafi yana yi wa baƙin inabi illa ta fuskar da mai kallo daga nesa ba zai zata ba, domin kurangar kanta ba ta ƙin rana, ganye ma takan yi har ya wuce kima. A cikin ɗan itacen ne ɓarnar take. Zaƙi yakan taru da gaggawa, tsamin da ke gyara ɗanɗano ya ƙone, launin kuwa, wanda yake zaune a fata kaɗai, ruwan ciki fari ne, ba ya kamawa sosai idan zafin yini ya zarce digiri 35, balle idan dare ma bai yi sanyi ba. Sai ka ga nonon inabi ya cika da zaƙi amma ya tsaya ja-ja, kamar zanen da aka tsamo daga marina tun bai sha baba ba. Shi Shiraz yana da wata larura tasa ta daban, watau yamushewa a ƙarshen nuna, inda ruwa ke fita ta fata fiye da yadda kuranga ke iya mayarwa, nauyin amfani ya ragu a hannun manomi yana ji yana gani. Wanda ya san tarihin Ɗa'ifa, garin da aka miƙa wa Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, nonon inabi a ranar da mutanenta suka cutar da shi, zai gane abin da ya sa inabi ya zauna can bisa duwatsu, bai sauko kwarin Makka ba: sanyin dare ne.

A Ostareliya, inda James Busby ya kai dashen wannan iri a 1832, mas'alar mai sauƙi ce, domin ko da yake bazararsu tana da tsanani, hunturu na nan. Manoman kwarin Barosa, inda har yau akwai kurangar da aka dasa a 1843 tana ba da 'ya'ya, sukan bar ganye ya yi wa nonna inuwa ta ɓangaren da ranar la'asar ke duka, su ba da ruwa da awo, su girbe da dare.

Inda hikimar ɗan Adam ta fi bayyana shi ne ƙasashen da babu hunturun sam. A arewa maso gabashin Barazil, a gaɓar kogin San Faransisko wajen garuruwan Petrolina da Juazeiro, digiri 9 kudu da tsakiyar duniya, a ƙasa mai ƙarancin ruwan sama wadda Bahaushe zai ga ta yi masa kama da gida, kuranga ba ta barci da kanta ko kusa, kuma idan aka ƙyale ta sai ta yi ta miƙa rassa, idanu kaɗan na can ƙarshe su buɗe, sauran su yi shiru. Saboda haka bayan girbi manomi yakan rage mata ruwa na 'yan makonni har ta lafa, sa'an nan ya datse rassa, ya shafa wa idanun wani magani mai suna Dormex da ke tilasta musu buɗewa tare, kana ya sake ruwa. Bayan kamar wata huɗu sai girbi. Da wannan tadbiri suke girbi sau biyu a shekara, har a gona guda ka tarar da wani yanki yana toho, wani yana fure, wani ana tsinka. Sai dai maganin nan guba ne mai ƙona fata, kuma abin takaici ne a ce leburan da ke shafa shi, wanda ladansa bai taka kara ya karya ba, shi ne zai yi aikin ba safar hannu ba abin rufe fuska.

A ganina dabarar mutanen jihar Minas Gerais, can kudu maso gabashin ƙasar, ta fi wannan zurfi. Su matsalarsu ita ce nunar inabi takan faɗo a tsakiyar damina, lokacin da fumfuna ke cin ganye, 'ya'ya su tsage su ruɓe. Sai masani Murillo de Albuquerque Regina da abokan aikinsa suka jarraba datsa sau biyu a farkon shekarun 2000: na fari wajen Agusta domin a sami rassa kawai, a tsinke duk nonon da ya fito a yar, na biyu wajen Janairu domin 'ya'ya, ta yadda nuna za ta dace da Yuni da Yuli, lokacin da sama ke bushe, yini da rana, dare da sanyi. Sun yarda su yi asarar girbi guda domin ɗayan ya yi kyau, kuma Shiraz ne ya fi kowane iri karɓar wannan tsari. Manoman Nashik a Indiya ma haka suke yi, datsa a Afrilu, datsa a Oktoba, girbi daga Janairu zuwa Afrilu.

Wannan yanayi da mutanen Minas suka sha wahala kafin su cim masa, shi ne Allah yake kawo mana kowace shekara da iskar hunturu, kuma manoman Kudan a jihar Kaduna sun riga sun nuna cewa inabin ci yana yi a ƙasar Zazzau. Shiraz kansa ba zai yi kasuwa a faranti ba, saboda ƙanƙantar 'ya'yansa da yawan ƙwallo, amma duk wani baƙin iri da za a dasa a nan hukuncinsa ɗaya ne da nasa. Wanda ya datse rassa da ɗaukewar ruwa, wajen Oktoba, launi zai soma shiga inabinsa a cikin sanyin Disamba da Janairu. Wanda kuwa ya yi jinkirin wata biyu, to nunar tasa za ta faɗa Maris da Afrilu, lokacin da zafin yini ke kusantar digiri 40, dare kuma ba ya hucewa.