Wa Ke Sa Ido Idan Shari'a Ta Kwanta A Ƙaramar Kotu?

Kusan biyu bisa uku na mutanen da ke gidajen gyaran hali a Nijeriya ba a yanke musu hukunci ba, jiran shari'a suke yi. Da yawansu kuma daga kotun majistare aka tura su. Abin da dangin waɗannan mutane ba su cika sani ba shi ne, majistare ba shi da ikon ya yi ta ɗage shari'a yadda ya ga dama. Akwai na sama da shi da doka ta ɗora wa alhakin tambayarsa dalili, wato Babban Joji.

Dokar Gudanar da Shari'ar Manyan Laifuka ta 2015 ita ce ta ƙayyade wa'adi. Sashe na 110 ya ce idan aka gurfanar da mutum, aka yi kwana 30 ba a fara sauraron shari'arsa ba, ko an fara amma kwana 180 suka wuce ba a gama ba, dole kotun ta rubuta wa Babban Joji bayanin tuhumar da dalilin jinkirin. Ban da wannan, duk bayan wata uku kotu za ta miƙa masa jerin shari'un da ke gabanta. Shugaban gidajen gyaran hali ma yana da nasa rahoton duk kwana 90, na waɗanda suka haura kwana 180 suna jira. Ɗage zama kuwa, sau biyar kowane ɓangare yake da shi, tsakanin zama da zama kada a wuce kwanakin aiki 14. Wannan doka ta Abuja ce da kotunan tarayya, amma jihohi sun yi nasu a kan tsarinta, Kaduna a 2017, Kano a 2019, sai dai lambar sashe da wasu wa'adodin kan bambanta.

Inda gizo ke saƙar shi ne manyan tuhume-tuhume irin su kisan kai da fashi da makami. Majistare ba shi da hurumin yanke su, amma 'yan sanda sukan kai masa wanda ake zargi, ya ba da umarnin a ajiye shi har sai Ma'aikatar Shari'a ta duba fayil ta ba da shawara. A takarda, ajiyar kwana 14 ce, ana iya sabuntawa, daga nan kotu ta nemi Antoni Janar ya zo ya faɗi dalilin ci gaba da tsarewar, in ba dalili a saki mutum. A aikace, fayil kan maƙale tsakanin ofishin 'yan sanda da ma'aikatar, ɗan sandan da ya yi bincike a canja masa wurin aiki, mutum ya shekara ana ce masa "shawara ba ta fito ba". Ni a ganina, nan ne sa idon babbar kotu ya fi rauni, domin Babban Joji yana iya tsawata wa majistare, amma ba shi ne ubangidan ɗan sanda ba.

Makamin da ya fi fitowa fili shi ne ziyarar gidan yari. Wata doka ta 1977 ta ba Babban Joji ikon sakin wanda aka tsare ba bisa ƙa'ida ba, ko wanda zamansa ya zarce hukuncin da za a yanke masa da a ce an same shi da laifin. Shi ya sa akan ji an je gidan yarin Kurmawa ko na Goron Dutse a Kano an sallami wasu. Abu ne mai kyau, amma kwasar ruwa ce daga ɗakin da rufinsa ke yoyo.

Wanda ɗan'uwansa ya daɗe a tsare yana iya rubuta takardar koke zuwa ga Babban Joji ta hannun babban magatakardan kotu, ya sa lambar ƙara da ranar da aka fara tsarewa. Idan kotun Musulunci ce, Girandi Kadi ake rubuta wa. Ladabtar da majistare ko alƙali kuwa aikin Hukumar Kula da Ma'aikatan Shari'a ta jiha ne. Haka nan lauya yana iya neman beli kai tsaye a babbar kotu, wanda ba shi da kuɗin lauya kuma ya nufi hukumar gwamnati mai ba da lauyoyi kyauta.